Hannun Hagun Abakar

Ku da kuke ɗaga waya ku yi rawa a ƙofar gidanku ku ce kun yi fim, ku matso nan. Jiya wani a cikinku, ba zan faɗi suna ba amma kansa kamar kankana, ya tambaye ni wai mene ne aikina a fim. Na ce rakor. Ya ce, "Kai ke riƙe kamara?" Na ce a'a. "Kai ke fitowa?" A'a. Ya ce, "To ashe kallo kake zuwa." Wallahi ya yi gaskiya, ya zol, mutumina. Kallo nake zuwa. Sai dai irin kallon da nake yi, in ka yi shi yini ɗaya za ka koma gida kana neman maganin ciwon kai.

Ga abin da ake nufi da rakor. Fim ba a ɗaukarsa a jere yadda kuke ganinsa. Yau a ɗauki mutum yana shiga ɗaki, bayan sati uku a ɗauke shi yana zaune a cikin ɗakin. A fim ƙiftawar ido ce tsakani. To in ya shiga da hula a karkace, dole ya zauna da ita a karkace. In shayinsa rabin kofi ne, rabin kofi zai zauna har sati ukun. In ƙuda ya sauka a hancinsa, to ƙuda kam na bar wa Allah. Mai tsare duk wannan shi ne ni.

Ba makaranta ce ta kai ni ba. Makaranta mun rabu da ita tun aji shida, ba faɗa, kowa ya kama gabansa. Ina sayar da rigunan waya a kan kwali a Kasuwar Libiya ta Omdurman, wata Juma'a sai ga mutane da kamara suna ɗaukar wani dogo yana cinikin firji. Suka ɗauka, suka tafi masallaci, suka dawo suka ci gaba. Ni kuwa bakina ba ya zama wuri ɗaya. Na ce da mai ba da umarnin, "Ya ustaz, kafin sallah biron nan a kunnen dama yake. Ko shi ma alwala ya yi ya canja waje?" 'Yan kasuwa suka kwashe da dariya. Mutumin ya duba kamararsa, ya ɗago ya dube ni, ya ce, "Sai me kuma?" Na ce, "Maɓallinsa na biyu a buɗe yake ɗazu. Mai firjin kuma ya ci waken ful a hanya, ga mai nan a gemunsa." Ya ce, "Juma'a mai zuwa ka zo da daftari."

Wannan shi ne Ustaz Haruna, malamin firamare a Alhilla Kuku. Kamarar tasa ta ɗaukar biki ce. Dogon nan Abakar ne, direban raksha, keke mai ƙafa uku, a unguwar Dar Salam. Abokin yawonsa a fim ɗin Tijani ne, tela, gajere kamar turmi. Kowa da sana'arsa, shi ya sa sai Juma'a muke ɗauka. Labarin kuma na 'yan zaman banza biyu ne da aka ba su tsohuwar boksi, wato a-kori-kura, da firji a baya, su kai wani ƙauye a Jazira. Tafiyar yini ɗaya ta zame musu kwana uku, su ɓata nan, su ci abincin mutane can, su kwana ƙarƙashin mota. A ƙarshe su isa bakin tur'a, magudanar ruwan gonaki, su tarar da wani tsoho shi kaɗai, ya ce musu mutanen ƙauyen duk sun tashi tun tuni, suna Omdurman, layi biyu daga inda aka ɗora firjin.

Kayan aikina ba za ku so su ba. Daftari mai baƙar fata, da biro ɗaure da zare don 'yan fim ɓarayin biro ne. Waya mai fasasshen gilashi da nake ɗaukar hoton kowa da ita kafin a tashi. Gawayi na zana inda ƙafar mutum ta tsaya. Tsinken ashana na auna tsawon gemu da zurfin shayi a kofi. Kwalbar shayi mai sanyi ta yin tabo a riga. Leda uku na ƙasa, ta Dar Salam daban, ta hanyar kudu daban, ta Jazira baƙa daban, don kamara ta san bambancinsu ko da kai ba ka sani ba. Rubutuna kuwa, Ustaz ya ce in kaza ta taka tawada ta fi ni. Sai na koma zane. Mutum da'ira da sanduna huɗu, in ja kibiya in rubuta kalma biyu.

Kuma kada ku ce wa zai lura. Masu kallonmu ba mutanen silima ba ne masu kallo sau ɗaya su tashi. Fim ɗinmu daga waya zuwa waya yake tafiya, mata a gida su kalle shi sau goma suna tsince wake. Akwai wata mai shayi a bakin kasuwa, ta taɓa tare ni a kan wani ɗan tallan da muka yi wa mai sayar da takalma, ta ce, "Ya walad, yaron nan ya fita da silifa shuɗi ya dawo da kore. A hanya ya yi sata?" Sati guda ban bi ta gabanta ba.

Aikin da ya fara koya mini hankali jallabiyar Abakar ce. Juma'a huɗu ina gina dauɗar rigar nan. Tabon shayi a ƙirji, baƙin mai a gwiwa, zufa a wuya, kowanne da ranarsa da zanensa a daftari. Na yi sake ya tafi da ita gida. Juma'a ta biyar sai ga shi ya zo da ita fara ƙal, an sa mata bula, an goge, har da turaren wuta. Uwarsa ta ce ɗanta ba zai fito a gaban duniya kamar wanda ba shi da kowa ba. Ustaz ya zauna a ƙasa ya riƙe kai. Ni na sa rigar na yi ta birgima ƙarƙashin boksi kwana biyu, ina duba hoto ina ɗiga shayi da cokali. Tun ranar, kayan fim a jakata suke kwana. Ko hula ba na yarda ta ga uwar wani.

Yanzu ku saurara da kyau, don nan zancen yake. Ƙarshen fim ɗin muka fara ɗauka tun da wuri, saboda tsohon. Baba Sale sunansa, maƙwabcin Ustaz ne, ya yi ƙuruciyarsa yana tsinkar auduga a Jazira kafin ya dawo birni. Bai taɓa tsayawa gaban kamara ba, kuma jikinsa ya fara sanyi. Ustaz ya ce mu kai shi tun yana iya zama a mota. Muka tafi, tafiya ɗaya tak.

Mun isa bakin tur'ar rana ta sunkuya. Ana shirya murhun gawayi da kofuna, Abakar ya zagaya bayan boksi ya kunna sigari, don kun san ba mai shan taba a gaban dattijo. Ya ja sau ɗaya ke nan sai ga Baba Sale ya ɓullo da sandarsa, Ustaz kuma ya daka tsawa, "Haske zai tafi! Kowa wurinsa! Yalla!" Abakar ya rasa yadda zai yi. In ya yar a ƙasa tsoho zai gani. Sai ya maida hannun hagu baya da sigarin a ciki, ya durƙusa, ya miƙa dama ya gaisa, ya karɓi kofin shayi da ita. Hayaƙin ya bi na gawayi, kamara ba ta gane ba. Ni ina tsaye a baya, ni kaɗai nake ganin abin.

Magana biyu aka ba Baba Sale ya faɗa. Ya faɗe su. Sai ya ci gaba. Ya shiga lissafa mutanen da suka yi tsinka tare, wane da wance, wanda zazzaɓi ya ɗauke, wadda ta haihu a tsakiyar gona ta naɗe jaririn da buhu. Ya nuna inda bukkarsu take, yanzu ba komai sai ciyawa. Ustaz ya ƙi cewa halas, wato a tsaya. Ni kuwa ina kallon wuta tana cin sigari tana gangarowa. Ta zo yatsa. Abakar bai motsa ba. Hawaye suka zubo masa shar, yana kallon tsoho yana gyaɗa kai. Da aka gama Ustaz ya rungume shi ya ce, "Ban san kana da wannan a cikinka ba!" Abakar ya ce, "Ni ma ban sani ba, Ustaz," ya tafi ya tsoma hannu a tur'a. Na zana da'ira da sanduna, na rubuta: dama kofi, hagu baya. Sauran na riƙe a cikina.

Sai shekarar ta juya mana baya. Banzin ya ɓace a gari. Layin gidan mai ya kai inda mutum zai gaisa da na gabansa yau, gobe su zama 'yan uwa. Boksi ta kwana a layi ta tashi a layi. Duk inda kuka ga su Abakar suna tura mota a fim ɗin nan kuna dariya, ba Ustaz ne ya rubuta ba, tankin ne ya rubuta. Muka samu wata 'yar gangara a bayan Dar Salam, mu tura motar sama mu shida, ta gangaro a ɗauka, mu sake turawa. Ta gabas ta zama hanyar Jazira, ta yamma ta zama wata hanyar daban, ni ina bin taya da ledar ƙasa ina yayyafawa. Da damina ta kama, Baba Sale ya rasu.

A wurin zaman makoki matarsa, Hajja Kaltuma, da mu duk muke ce wa Haboba, wato kaka, ta aika aka kira Ustaz bakin ƙofa. Ta ce, "Haruna, an ce ka kama Malam a cikin akwatinka yana magana." Ya ce e. Ta ce, "Ina so in gan shi. Amma ba guntu ba. Ya ce mini labari ne mai kai da ƙafa, a ƙarshe yake fitowa. Haka nake so in gani." Idonta kuwa farar yana ce ta fara rufe shi, na dama ya riga ya tafi, na hagu yana bin sa. Ustaz ya yi alkawari. Farkon fim na hannu, ƙarshe na hannu, tsakiya ce babu. Daga ranar ba wanda ya ƙara cewa yana da aiki ranar Juma'a.

Ana cikin haka bikin ɗan Hala Maryama ya taso. Ita ƙanwar uwar Abakar ce, a ɗakinta ya yi rarrafe, angon kuma tare suka sha nono. Abakar ne wazirin ango. Kun san al'ada: ranar lallen ango, abokansa ma sai an cusa musu lalle a hannu, waziri kuma shi ne na farko. Lallen nan na maza da ake shafa wa mai ya yi baƙi ƙirin, tafin hannu ya yi sati uku, farce kuwa sai ya tsiro ya fita, watanni. Ustaz ya ce, "Abakar, labarinmu kwana uku ne. Mutumin da ya fito da hannu fari, ya isa wurin Baba da hannu fari, ba zai yi baƙin hannu a tsakiya ba. Baba kuma ba zai dawo mu sake ɗauka ba. In muka tsaya jiran farce, idon Haboba ba zai jira mu ba." Abakar ya rantse zai ɓuya a bayan gida har a gama.

Ni ban yarda da rantsuwar mai raksha ba, sai na bi shi bikin. Tun da la'asar aka fara, don unguwar ba wuta. An shimfiɗa wa ango gado a tsakar gida, mata na guɗa, ga tiren lalle da turare. Abakar ya ɓuya kamar yadda ya ce, amma mutum mai tsawon falwaya ina zai ɓuya? Kansa na leƙowa ta saman katanga. Hala Maryama da kanta ta je ta jawo shi da hannun riga. Ta ce, "Ni na goya ka, yau za ka guje wa lallen ɗan'uwanka? Mutane su ce me ya shiga tsakaninku?" Idonta ya kawo ruwa. Shi ke nan, na san an gama. Wallahi ko ni ne ba zan ƙi ba. Ta zaunar da shi gefen ango, ta dunƙula lalle, shi kuma kamar rago ya miƙa hannun dama.

Daftarin na jakata, amma ban buɗe ba, shafin na cikin kaina. Na tsallake wata tsohuwa da tiren alewa na faɗa tsakiyarsu ina ihu, "Hagu! Hagu, ya Abakar!"

Guɗa ta tsaya. Hala Maryama ta dube ni daga sama har ƙasa ta ce, "Kai kuma ɗan wa ne?"

Na ce, "Ɗanki ne, ya Hala, ba ki gane ni ba ne don na yi wanka."

Ta ce, "Da dama ake fara abin alheri. Wa ya rene ka?"

Na ce, "Gaskiyarki. Amma waziri shi zai yi ta gaisawa da baƙi har a watse, shi zai ba ango ruwa a baki. In kin ɗaure damarsa, da hagu zai gaida kawunnan amarya? Ki sa masa a hagu. In dama kike nema, ga tawa, ba ta da aikin yi."

 Wata daga baya ta ce, "Yaron nan bakinsa ya fi shi girma." Hala Maryama ta kama hagun Abakar ta cika shi da lalle ta dunƙule. Sannan ta juyo kaina ta ce, "Kawo. Duka biyun." Ta cusa mini a dama, ta cusa a hagu, har wuyan hannu, kamar ni ne angon. Na zauna hannu biyu a sama, hancina na ƙaiƙayi, yara na zuwa suna kallona.

Washegari da safe muka je wurin Ustaz. Da ya ga hannun Abakar bai yi faɗa ba, da ma ya yi. Cire tabarau kawai ya yi ya ce, "Me zan ce wa tsohuwar nan?" Na buɗe daftari da baƙaƙen yatsuna na nuna masa da'irar. Na ce, "Karanta, Ustaz, ko kaza ce ta rubuta." Ya karanta: dama kofi, hagu baya. Ya kunna ɗaukar Baba Sale ya kalla tun daga gaisuwa har hawaye. Ya sake kallo. Hannun hagu bai leƙo ba ko sau ɗaya. Na ce, "To mu ba lallen dalili. 'Yan iskan nan biyu yunwa ta kama su a hanya, suka ga biki, suka shiga suka ce su abokan ango ne. Tijani ya cika aljihu da nama ya haura katanga, dogon aka kama aka ce tunda abokin ango ne ya kawo hannu. Daga nan har bakin tur'a da lalle yake tafe, a gaban Baba kuma kunya ta sa ya ɓoye shi a baya." Ustaz ya maida tabarau ya ce, "Bikin ya watse?" Abakar ya ce sai gobe. Ya ce, "Ɗauko kamara." Sai da muka kai ƙofa ya tsaya ya ce, "Tsaya. Me ya sa ma hannun yake baya ranar nan?" Abakar ya ce, "Ladabi, Ustaz."

Hala Maryama ta fito a matsayin kanta, ba wanda ya koya mata komai. Ta ja kunnen Abakar da gaske. Tijani ya faɗo daga katanga da gaske. Ni kuma sabon aiki ya same ni, don lalle yana kodewa, labari kuma bai san da haka ba. Duk Alhamis in kai Abakar wurinta ta sabunta masa, ina tsaye da hoton waya ina cewa ƙara nan, rage can, tana cewa in fita mata daga haske. Juma'a shida muka yi haka. Fasinjojin raksha suka yi ta tambayarsa wai abokansa nawa ne ke aure a shekara.

Ranar da aka gama haɗawa, bayan an sauko daga masallaci, muka ɗauki talabijin da batirin boksi muka kai ɗakin Haboba. Aka toshe taga da zanin gado. Aka ja mata gadon igiya har gaban gilashin, ta karkata kai tana kallo da idon da ya rage. Ta yi dariya wurin tura mota. Wurin biki ta ce, "Maryama ce wannan? Ta yi ƙiba." Sai ga tur'a, sai ga Baba Sale da sandarsa.  Yana kiran sunayen mutanen tana amsawa a hankali, Allah ya jiƙan wane, Allah ya jiƙan wance. Ta ɗora tafin hannunta a kan gilashin. Da hawayen Abakar suka zubo a fim, Ustaz ma ya juya yana goge tabarau.

Haboba ta ce, "Ina dogon yake?"

Abakar ya matso ya durƙusa ya ce, "Ga ni, Haboba."

Ta lalubo hannunsa na hagu, ta bi yatsun ɗaya ɗaya har ta tsaya a kan tabon. Ta ce, "Ya warke ashe. Ranar da kuka dawo, Malam ya shigo yana dariya har da tari. Ya ce maganarsa biyu ce, ya gama tun tuni, amma jikan nan nasa ya ɓoye taba a baya yana tsammanin tsoho ba ya jin wari. Ya ce sai ya yi ta jawo mutanen Jazira ɗaya bayan ɗaya, ya ga ko zai yar. Ya ce har matattu suka ƙare masa yaron bai yar ba."

Ustaz ya juyo a hankali ya dubi Abakar. Sannan ya dube ni. Ni kuma na duƙufa a kan daftari kamar mai neman wani abu.

Haboba ta ce, "Ku maido shi daga inda ya fito da sanda. Wannan karon ku yi shiru, ban ji sunan ƙanwata da kyau ba."